Juyawar mahaukaciyar guguwa a arewaci da kudancin duniya

Mahaukaciyar guguwa wata gagarumar iska ce mai ɗauke da hadari da ruwan sama, wadda ke tasowa a kan tekuna masu ɗumi tana kewaye wani wuri mai ƙarancin matsin iska. Idan aka kalle ta daga sama, kamar a hotunan tauraron ɗan'adam, za a ga a arewacin duniya tana juyawa ne saɓanin hannun agogo, a kudancin duniya kuwa tana bin hannun agogo. Guguwar Katrina da ta afka wa Amurka a 2005 da guguwar Haiyan da ta afka wa Filifin a 2013 duk saɓanin agogo suka juya, yayin da Idai da ta faɗa wa Mozambik a 2019 ta bi agogo. Abin da ke kawo wannan bambanci shi ne juyawar da ita kanta duniya take yi, wadda ke karkatar da duk abin da ke tafiya mai nisa a doronta. Masana suna kiran wannan karkatarwa tasirin Koriyolis.

Sunaye

Iri ɗaya ce guguwar, amma sunanta ya danganta da tekun da ta taso. A Tekun Atlantika da gabashin Tekun Fasifik ana ce mata hariken, kalmar da ta fito daga harshen mutanen Taino na tsibiran Karibiyan, ta ratso ta Sifaniyanci. A arewa maso yammacin Fasifik sunanta taifun. Masana harshe suna danganta wannan kalma da wata kalmar Sinanci mai nufin babbar iska, suna kuma danganta ta da kalmar Larabci wadda Hausa ta aro ta zama ɗufana. A Tekun Indiya da kudancin Fasifik kuma saiklon ake cewa, sunan da Henry Piddington, wani Baturen Ingila mazaunin Kalkata, ya ƙirƙira daga kalmar Girkanci mai nufin da'ira. Ana raɗa wa guguwa suna idan gudun iskarta ya kai kilomita 63 a sa'a. Idan ya kai kilomita 119 a sa'a, a Atlantika ta zama cikakkiyar hariken.

Yadda guguwar ke haɗuwa

Guguwar ba ta samuwa sai abubuwa da dama sun haɗu. Na farko, zafin ruwan teku ya kai wajen digiri 26.5 a ma'aunin Salshiyos, kuma ɗumin ya ratsa har zurfin kimanin mita 50. Na biyu, iskar da ke sama ta kasance mai laima. Na uku, kada iskar ƙasa da ta can sama su sha bamban ƙwarai wajen gudu da alkibla, domin hakan yana tarwatsa hadarin tun bai haɗu ba. Na huɗu, wurin ya nisanci Ikwaita, wato layin da ya raba duniya gida biyu, da kimanin digiri 5, kwatankwacin kilomita 550.

Idan waɗannan sun cika, tururi yana tashi daga teku ya hau sama. Can yana sanyaya ya koma ɗigon ruwa, sai ya saki zafin da ya ɗauko. Wannan zafi yana ƙara ɗumama iskar, ta ƙara hawa, matsin iska a ƙasa ya ƙara raguwa. Iska kuwa daga inda matsi yake da yawa take kwarara zuwa inda ya yi ƙaranci, saboda haka sai ta yi ta tururuwa daga kowace kusurwa zuwa tsakiya. Da a ce duniya a tsaye take cik, da iskar ta miƙe kai tsaye ta cike gurbin, abin ya mutu nan take. Juyawar duniya ce ke hana ta isa tsakiyar a miƙe.

Tasirin Koriyolis

Duniya tana juyawa daga yamma zuwa gabas, tana kammala zagaye ɗaya cikin kimanin sa'a 24. Amma ba kowane wuri ke gudu daidai da ɗan'uwansa ba. A kan Ikwaita, inda kewayen duniya ya kai kusan kilomita 40,075, ƙasa tana gudu gabas da kimanin kilomita 1,670 a sa'a. A Kano, wadda ke wajen digiri 12 arewa da Ikwaita, gudun kimanin kilomita 1,630 ne. A digiri 30 ya sauko zuwa wajen 1,450, a digiri 60 kuma wajen 835. A ƙuryar arewa da ta kudu babu wannan gudu sam, wurin yana juyawa ne kawai a inda yake.

Iskar da ta taso daga kusa da Ikwaita ta nufi arewa tana tafe da saurin gabas na inda ta baro. Da ta isa inda ƙasa ba ta kai ta gudu ba, sai ta sha gaban ƙasar, ta karkata gabas, wato hannunta na dama. Iskar da ta taso daga arewa ta nufi Ikwaita kuma tana isa inda ƙasa ta fi ta gudu, sai a bar ta a baya, ta karkata yamma. Ga wanda ya fuskanci kudu, yamma ita ce dama. Haka ma iskar da ta nufi gabas ko yamma: wadda ta nufi gabas ta fi duniya saurin zagaye, sai a wurga ta wajen Ikwaita, wadda ta nufi yamma kuma ta zame wajen ƙurya. Ko ta ina aka duba, a arewacin duniya karkatar ta dama ce. A kudancin duniya lissafin ya juye, Ikwaita tana arewa, ƙurya tana kudu, don haka karkatar ta hagu ce.

Ana iya gwada wannan da faifai da alli. Idan mutum ɗaya yana juya faifan, wani kuma ya ja layi a miƙe daga tsakiya zuwa baki, idan aka tsayar da faifan za a tarar layin ya tanƙware. Hannun mai allin bai karkace ba, faifan ne ya juya a ƙarƙashinsa. In aka sauya alkiblar juyin, tanƙwarar ma sai ta koma ɗaya gefen. Shi ya sa masana kimiyyar lissafi ba sa ɗaukar Koriyolis a matsayin ƙarfi na haƙiƙa mai tura abu. Abu ne da ke bayyana ga wanda yake kallo daga kan abin da ke juyawa, kuma dukkan mutane a kan irin wannan abu suke zaune.

Tasirin yana ƙaruwa ne gwargwadon nisa daga Ikwaita. A kan Ikwaita babu shi ko kaɗan. A digiri 5 bai kai kashi 9 cikin 100 na ƙarfinsa a ƙurya ba, a digiri 10 kimanin kashi 17 ne, a digiri 30 kuma rabi. Yana kuma buƙatar lokaci da tazara. Iska mai gudun kilomita 36 a sa'a, idan babu wani abu da ya tare ta, za ta kauce wa hanyarta da kusan kilomita 2 cikin sa'a ɗaya a daidai Kano, da kusan kilomita 5 a digiri 30. Ƙwallon da aka buga ya yi daƙiƙa ɗaya a sama kuwa, kaucewarsa ba ta kai milimita ɗaya ba.

Daga karkata zuwa juyawa

A ɗauka akwai wuri mai ƙarancin matsi a tekun arewacin duniya. Iskar da ta taho masa daga kudu za ta karkata dama, ta wuce ta gabashinsa tana fuskantar arewa. Wadda ta taho daga arewa za ta wuce ta yammacinsa tana fuskantar kudu. Ta gabas za ta bi ta arewacinsa, ta yamma kuma ta kudancinsa. Idan aka haɗa huɗun, an sami zagaye mai hawa ta gabas yana saukowa ta yamma, wanda shi ne saɓanin hannun agogo. A kudancin duniya kowace iska hagu take karkata, sai zagayen ya bi agogo.

Akwai wata hanyar fahimtar wannan. Wanda ya kalli duniya daga saman ƙuryar arewa zai ga tana juyawa saɓanin agogo, wanda ya kalle ta daga ƙuryar kudu kuma zai ga tana bin agogo. Ke nan guguwa tana juyawa ne yadda ƙasar da ke ƙarƙashinta take juyawa. Iskar tun asali tana ɗauke da ɗan wannan juyi a hankali, kuma da ta taru daga ɗaruruwan kilomitoci zuwa wuri ƙanƙane sai juyin ya yi sauri, kamar yadda dutsen majajjawa ke ƙara gudu idan aka rage tsawon igiyarsa. Saboda haka Koriyolis alkibla kawai yake zaɓa wa guguwa. Ƙarfinta daga zafin teku yake fitowa.

Kusa da tsakiya iskar takan yi gudun da ba za ta iya ƙara matsawa ciki ba, sai ta hau sama tana murɗawa. Wannan ne ke barin wani fili mai natsuwa a tsakiya da ake kira ido, wanda faɗinsa yakan kasance tsakanin kilomita 30 zuwa 65. Katangar hadarin da ta kewaye idon ita ce wurin da iska da ruwa suka fi tsanani. A can ƙololuwa kuma iskar tana bazuwa waje, kuma da ta yi nisa sai ta koma juyawa saɓanin yadda take yi a ƙasa.

Wuraren da matsin iska yake da yawa akasin haka suke yi, domin iska daga cikinsu take fita: a arewa suna bin agogo, a kudu suna saɓa masa. Manyan igiyoyin ruwa da ke kewaye tekuna ma haka suke. Abin bai tsaya a wannan duniya kaɗai ba. Babban jan tabon da ke kudancin duniyar Mushtari wuri ne mai yawan matsi, kuma saɓanin agogo yake juyawa.

Ikwaita da inda guguwa ba ta zuwa

Duk da cewa ruwan tekun Ikwaita yana da ɗumi kuma hadari ba ya yankewa, da wuya guguwa ta haɗu a can, saboda babu isasshen Koriyolis da zai fara murɗa iskar. An sami wadda ta saɓa wa wannan a ƙarshen Disamba 2001, lokacin da guguwar Vamei ta taso kusa da Singafo, ƙasa da digiri 2 arewa da Ikwaita. Wata iska mai ƙarfi da ta sauko daga arewa ce ta haɗu da wani juyi da ya riga ya kasance kusa da tsibirin Boniyo.

Ba a taɓa tabbatar da wata mahaukaciyar guguwa da ta tsallake Ikwaita ba. Da yake Koriyolis ya fi ƙarfi a gefen guguwar da ke kallon ƙurya, wannan rashin daidaito yana janye ta sannu a hankali zuwa yamma da kuma ƙurya. Don haka yawancinsu sukan fara nufar yamma, sannan na arewa su lanƙwasa arewa da arewa maso gabas, na kudu kuma su yi kudu da kudu maso gabas.

A kowace shekara ana samun guguwa masu suna kimanin 80 zuwa 90 a duniya, kuma wajen kashi biyu cikin uku a arewaci suke. Lokacinsu a Atlantika daga 1 ga Yuni ne zuwa 30 ga Nuwamba, a kudancin duniya kuma daga Nuwamba zuwa Afrilu. Kudancin Atlantika kusan ba ya ganin su saboda sanyin ruwa da saɓanin iskar sama da ta ƙasa, shi ya sa guguwar Catarina da ta afka wa kudancin Birazil a Maris 2004, tana bin agogo, ta ba masana mamaki.

Tarihin binciken

A 1735 George Hadley ya bayyana cewa juyawar duniya ce ke karkatar da iskokin da jiragen ruwa na fatake ke dogaro da su. Bayan wata guguwa ta 1821, William Redfield ya lura a jihar Konetikat ta Amurka cewa itatuwan wani yanki sun faɗi suna kallon wata kusurwa, na wani yankin kuma suna kallon kishiyarta. Daga nan ya gane iskar zagaye take yi, ya kuma wallafa wannan a 1831. William Reid, wani injiniyan sojan Birtaniya, ya tattara bayanan littattafan matuƙan jiragen ruwa, a 1838 ya nuna cewa guguwar kudancin duniya akasin ta arewa take juyawa.

Shi kuwa Gaspard-Gustave de Coriolis, masanin lissafi ɗan Faransa da ya rayu daga 1792 zuwa 1843, ba a kan yanayi ya yi aikinsa ba. Maƙalarsa ta 1835 ta shafi motsi ne a cikin na'urori masu juyawa, daga baya aka liƙa sunansa ga wannan tasiri. A 1851 Léon Foucault ya rataya ƙarfe mai nauyin kilo 28 da waya mai tsawon mita 67 a birnin Faris, jama'a suka ga alkiblar lilonsa tana sauyawa da kimanin digiri 11 a kowace sa'a, shaidar cewa ƙasa na juyawa. William Ferrel na Amurka ne ya ɗora wannan fahimta a kan iskokin duniya tun daga 1856. A 1857 kuma Buys Ballot na Holan ya fitar da ƙa'idar da ke ɗauke da sunansa: a arewacin duniya, wanda ya ba iska baya, ƙarancin matsi yana hagunsa, a kudanci kuwa yana damansa.

Muhimmancin sanin alkiblar

Sanin inda guguwa ke juyawa yana cikin abin da ake duba wa kafin a kwashe jama'a. Guguwa tana juyawa kuma tana tafiya, don haka a gefe ɗaya gudun tafiyarta yana ƙaruwa a kan na juyawar, a ɗaya gefen yana rage shi. A sauƙaƙe, idan iskarta na gudun kilomita 150 a sa'a kuma ita kanta tana tafiyar kilomita 20, gefe ɗaya zai ji 170, ɗayan 130. A arewacin duniya gefen dama na hanyarta ne ya fi haɗari, a kudanci kuma na hagu. Matuƙan jiragen ruwa sun daɗe da sanin wannan.

A wannan gefe ne iska ke tunkuɗo teku zuwa tudu, kuma wannan tumbatsa tana cikin abin da ya fi halaka mutane. Lokacin Katrina, a ranar 29 ga Agusta 2005, gaɓar jihar Misisipi da ke dama da idon guguwar ta ga ruwa mai tsayin fiye da mita 8. A Satumba 2022 guguwar Ian ta shiga jihar Fulorida kudu da birnin Tampa. Yankin Fort Myers da ke damanta ya cika da ruwan teku, yayin da a mashigin Tampa da ke hagunta iska ta kore ruwan har ƙasan teku ta bayyana.

Alaƙa da Afirka ta Yamma

Mahaukaciyar guguwa ba ta afka wa gaɓar Najeriya ko Gana, domin Legas da Akara duk suna kusa da Ikwaita, kuma iskar yankin yamma take kora hadari. Amma da yawa daga cikin guguwar Atlantika a sararin Sahel suke samo asali. A lokacin damina wasu jerin hadari suna tasowa daga gabashin Afirka duk bayan kwana 3 zuwa 5, su ratsa Chadi da Nijar da arewacin Najeriya, su fita teku ta wajen Senegal. Wasunsu suna samun ruwa mai ɗumi su fara juyawa saɓanin agogo. Kimanin kashi 85 cikin 100 na manyan hariken na Atlantika daga irin waɗannan suke fitowa. A ƙarshen Agusta 2015 ɗaya daga ciki, Fred, ta afka wa tsibiran Kef Bade.

Koriyolis yana da hannu a iskokin da aka saba da su a ƙasar Hausa. Iskar hunturu daga Sahara take nufo kudu, ta karkata dama, shi ya sa take bugowa daga arewa maso gabas. Iskar damina kuma daga kudancin Atlantika take tasowa, kuma da ta tsallake Ikwaita sai ta karkata dama ta riƙa bugowa daga kudu maso yamma.

Kurakuran fahimta

An daɗe ana cewa ruwan da ke zurarewa a baho ko masai yana juyawa gwargwadon ɓangaren duniyar da yake. Wannan ba daidai ba ne. Mazubin ya yi ƙanƙanta kuma ruwan yana wucewa cikin daƙiƙu, don haka siffar mazubin da motsin da ya rage a ruwan su ne ke zaɓar alkibla. A wasu wuraren yawon buɗe ido da ke kan Ikwaita a Kenya da Yuganda ana nuna wa baƙi ruwa yana sauya juyi tsakanin taku kaɗan, alhali yadda aka zuba ruwan ne ke kawo hakan. Ana iya ganin tasirin ne kawai a gwaji mai tsananin kula. A 1962 Ascher Shapiro ya bar ruwa ya kwanta yini guda a wani faffaɗan mazubi mai faɗin kusan mita 2 a Amurka, da aka buɗe sai ya juya saɓanin agogo. A 1965 aka maimaita gwajin a birnin Sidni na Ostireliya, ruwan ya bi agogo.

Haka nan guguwar ƙura da ke tashi da bazara a fili ko a kasuwa, tana kwasar leda da ganye, ba ta bin wannan ƙa'ida. Faɗinta mitoci kaɗan ne kuma ba ta wuce mintuna, saboda haka takan juya ko dama ko hagu, gwargwadon yadda iska ta ci karo da bango ko itace ko tudu. Sunan ne kawai ya haɗa ta da mahaukaciyar guguwa ta teku, wadda faɗinta ke kai ɗaruruwan kilomitoci, ta kuma yi kwanaki ko makonni tana tafiya, kamar Freddy da ta shafe kwana 36 a 2023 tun daga kusa da Ostireliya har Madagaska da Mozambik da Malawi, tana bin hannun agogo tun daga farko har ƙarshe.